Daga ofishin alhazai zuwa wajen jifa: yadda Hajjin 2025 ya gudana, mataki bayan mataki

Na sauke farali a Hajjin 2025, wato shekara ta 1446 bayan Hijira, ta hannun hukumar jin daɗin alhazai ta jiharmu. Yawancin ruɗanin da na gani a wannan tafiya, a kaina da wurin abokan tafiya, daga abu biyu ya taso: rashin sanin inda wuri mai tsarki ya fara da inda ya ƙare, da rashin sanin lokacin da aka ɗaure kowace ibada da shi. Shi ya sa zan bi tafiyar daki-daki, ko Allah Ya sa maniyyaci na gaba ya huta da abin da ya wahalar da mu.

Farkon abin shi ne ofishin jami'in alhazai na ƙaramar hukuma. Kujerar maniyyatan Arewa a shekarar ta kama naira miliyan 8 da dubu 400 da 'yan kai, kamar yadda hukumar alhazai ta ƙasa, NAHCON, ta sanar. Ta banki ake biya, a kawo shaida, a karɓi rasit mai hatimi. Kada ka damƙa wa kowa tsabar kuɗi da sunan zai shigar maka, ko da ɗan'uwanka ne. Bayan rasit sai fasfo, kuma dole ya kasance da sauran aƙalla wata shida kafin ya ƙare. Nan ne mutane da yawa suka fara tuntuɓe, domin sunan da ke kan fasfo ya saɓa da na lambar NIN, ko ranar haihuwa ta bambanta, gyaran kuwa yana iya cin makonni. Wanda ke da niyya, ya jera takardunsa a gabansa tun kafin ya biya kuɗi, ya karanta su harafi-harafi. Daga nan aka ɗauki hoton yatsunmu da na fuska ta manhajar Saudi Visa Bio. Dattawan da noma ko aikin hannu ya shafe musu zanen yatsu sun sha maimaitawa, wasu sai da suka dawo washegari. Sai asibiti: awon jini, hawan jini da sukari, gwajin ciki ga mata, da rigakafin sanƙarau, shawara da shan inna, a rubuta a katin nan mai ruwan ɗorawa. Wuni guda cur muka yi a layi. Mai shan magani kullum ya nemi likita ya rubuta masa sunan maganin a takarda, ya tanadi na kwana arba'in a cikin kwalinsa na asali.

Bita kuwa kada ka raina ta. Duk ƙarshen mako ake yi, kuma a nan ne malamai suka jaddada mana cewa rukunan Hajji huɗu ne: harama, tsayuwar Arafa, ɗawafin ifada, da sa'ayi tsakanin Safa da Marwa. Rukuni idan ya kuɓuce, yanka ba ya gyara shi. Wajibi kamar jifa ko kwanan Mina shi ne ake ramawa da jini. Wannan bambanci shi kaɗai ya kwantar da hankalin mutane da yawa daga baya.

A watan Mayu aka kira mu sansanin alhazai. An ce mu zo da safe, jirgi bai tashi ba sai tsakar daren washegari, saboda haka ka zo da tabarma da abin taɓawa. A sansani aka ba mu fasfo da biza da kuɗin guzuri dala 500. Riyal a ɗaure take da dala, 3.75 kowace dala ɗaya, ka ga guzurin ya zama riyal 1,875 ke nan. Ka riƙe wannan lissafi, domin hadaya, wato dabbar da ake yankawa a Hajji, ita kaɗai ta ɗauke fiye da kashi ɗaya cikin uku a shekarar. Jakar hannu kilo 8 ce, kuma an yi ta gargaɗi a kan goro da ƙullin da wani zai ba ka ka kai masa. Hukuncin miyagun ƙwayoyi a Saudiyya kisa ne, don haka ko allura kada ka karɓa daga hannun wanda ba ka ga abin da ya ƙunsa ba. Tafiyar jirgin ta fi ta da tsawo, tunda yaƙin da ya ɓarke a Sudan a Afrilun 2023 ya sa jirage suna kewaye sararin samaniyarta.

A Madina muka sauka. Bayan tantancewa aka kwashe mu a manyan motoci zuwa masauki, kuma abu na farko da ya kamata ka nema shi ne katin Nusuk, mai hotonka da lambar da ake haskawa da waya. Ba shi, ba shiga Makka, ba Harami, ba Mina. Ka rataye shi a wuya ko wanka za ka shiga ka san inda ka ajiye shi, kuma ka sauke kwafinsa a manhajar Nusuk da ke wayarka. Kwana huɗu aka ba mu a Madina. Wasu dattawa sun damu ƙwarai cewa ba za su samu salloli arba'in ba. Malamanmu suka yi bayani cewa ziyarar Madina ba ta cikin rukunai ko wajiban Hajji, kuma abin da ya tabbata shi ne salla ɗaya a Masallacin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ta fi salla dubu a wani masallaci in ban da Masallacin Harami.

Akwai abu biyu da ake cakuɗawa a nan, kuma ni ma na cakuɗa su da farko: sallama da shiga Rauda. Sallama ga maza ba ta buƙatar izini. Ta ƙofar Babus Salam ake shiga, a bi layi a hankali har a zo gaban ƙarfen nan mai ruwan zinariya da ke ƙarƙashin koriyar ƙubba, a yi wa Manzon Allah sallama, a matsa kaɗan a yi wa Sayyidina Abubakar, a ƙara matsawa a yi wa Sayyidina Umar, a fita ta ƙofar Baƙi'a. Duka-duka tsayuwar ba ta kai minti ɗaya ba, askarawa suna cewa a wuce. Amma ban taɓa jin nauyi a ƙirjina irin na wannan minti ba. Layin da ya taho da surutu sai ya yi tsit, ba ka jin komai sai shassheƙa. Rauda kuwa ita ce ɗan filin da ke tsakanin ɗakinsa da mumbarinsa, wanda ya ce dausayi ne daga dausayoyin Aljanna. Ita sai da izini daga manhajar Nusuk, maza da lokacinsu, mata da nasu. Guraben suna cika nan da nan, don haka ka nema tun ranar da ka sauka, ka riƙa dubawa a kai a kai. Ka isa farfajiyar da ake tara mutane rabin awa kafin lokacinka, da alwala, da caji a waya. Za a zaunar da ku rukuni-rukuni ƙarƙashin manyan lemomin nan masu buɗewa da rufewa, a haska lambarka, a shigar da ku. Abin da za ka samu a ciki bai wuce minti goma ba. Ka yi raka'a biyu da zarar ka samu wurin sa goshi, ka riƙe addu'o'inka a zuci tun daga waje, domin wanda ya tsaya ɗaukar hoto sai ya ji an ce a tashi.

Maƙabartar Baƙi'a tana gabas da masallaci, ana buɗe wa maza bayan Asuba da bayan La'asar. Kaburbura ne na ƙasa da 'yan duwatsu, ba suna ba rubutu. A cikinta Sayyidina Usman yake, da matan Annabi da dama, da Imamu Malik, wanda da mazhabarsa muka tashi tun daga makarantar allo. Washegari aka kai mu ziyara a mota. Masallacin Ƙuba, na farko da aka gina a Musulunci, ka yi alwala tun daga masauki kafin ka je, domin hadisin da ya yi alkawarin ladan Umra ya ambaci wanda ya yi tsarki a gidansa sannan ya zo ya yi salla. Sai Uhudu, inda aka gwabza a shekara ta 3 bayan Hijira, aka binne Sayyidina Hamza da Mus'ab bin Umair cikin shahidai kusan 70. Sai Ƙiblataini, mai tuna juyar da alƙibla daga Ƙudus zuwa Ka'aba. Direbobi suna ba da minti ashirin-ashirin ne, wanda ya shiga kasuwar dabino sai mota ta bar shi.

Ranar tashi zuwa Makka, ka yi wanka ka ɗaura harami tun a masauki. A mikatin Zul-Hulaifa, wanda ake kira Abyar Ali, 'yan kilomitoci daga Madina, cunkoson banɗaki ba ya barin mutum ya yi wanka a natse. Ɗaura ƙyalle ba shi ne harama ba. Niyya ce, kuma a mikati ake ƙulla ta. Mu Tamattu'i muka yi, wato Umra da farko, a kwance, sannan a sake harama da Hajji. Namiji ba gajeren wando a ciki, ba hula, ba sabulu mai ƙamshi. Ka sayi bel mai aljihu, kuma ka shafa man da ba shi da ƙamshi a tsakanin cinyoyi, domin gogayyar fata ta kwantar da ƙarti a wannan tafiya. Daga nan zuwa Makka ya haura kilomita 400, muka yi kusan awa takwas da tsaye-tsayen shingen bincike, ana ta talbiyya. A kowane shinge katin Nusuk ake tambaya. Tarar wanda aka kama ba izinin Hajji a shekarar ta kai riyal 20,000, da kora, da hana shiga ƙasar shekara 10.

Da muka isa, malaminmu ya hana mu tafiya Harami a gajiye, ya ce a ci abinci a runtsa. Shawara ce mai kyau. Ka karɓi katin masauki, ka lura da lambar motar unguwarku da tashar da take ajiyewa, ka haddace ƙofar da ka shiga. Ƙofar Sarki Abdul'aziz ita ce lamba 1, ta Sarki Fahad 79. Ganin Ka'aba na farko ba ya faɗuwa. Ka taso kana fuskantarta sau biyar a rana ba ka taɓa ganinta ba, sai ga ta, an naɗe baƙar rigarta daga ƙasa an sa farin ƙyalle kamar yadda ake yi gab da Hajji. Ɗakin da Annabi Ibrahim da ɗansa Isma'il suka ɗaga harsashinsa ke nan. Ɗawafi zagaye bakwai ne, Ka'aba tana hagunka, ana farawa ana ƙarewa daidai Hajarul Aswad, kuma akwai koriyar fitila a bangon da ke fuskantarsa don nuna saitin. Nuni da hannu da kabbara sun wadatar, kada ka kutsa. Kuskuren da ke ɓata zagaye shi ne ratsawa ta cikin Hijir Isma'il, ɗan bangon nan mai siffar rabin da'ira, domin cikinsa ɓangare ne na Ka'aba. Ta bayansa ake bi. Alwala sharaɗi ce. Idan ka yi kokwanto tsakanin zagaye huɗu da biyar, ka ɗauki huɗu. Raka'a biyu na bayan ɗawafi ba dole sai a jikin Maƙamu Ibrahim ba, ko'ina cikin masallaci sun yi, kuma tsayawa a tsakiyar masu ɗawafi cutarwa ce. Idan ƙasa ta cika aka tura ku sama, ka sa ran kusan awa biyu.

Sa'ayi shi ne bin sawun Nana Hajara lokacin da take neman wa jaririnta ruwa, har Allah Ya ɓuɓɓugo da Zamzam. Daga Safa zuwa Marwa ɗaya ne, dawowa biyu, a ƙare na bakwai a Marwa. Jimilla wajen kilomita 3. Na ga wanda ya ƙirga zuwa da dawowa a matsayin ɗaya, ya yi goma sha huɗu a kan tayil mai sanyi ba takalmi, ƙafarsa ta kumbura kwana biyu. Maza suna sassarfa tsakanin korayen fitilu. Daga nan sai aski ko saisaye, riyal 10 zuwa 20 a shagunan da ke bayan Marwa. Mai Tamattu'i ya yi saisaye don ya bar na ranar Salla. Mace ta yanke gwargwadon gaɓar yatsa. A kwanakin jira za ka ji Hausa a bakin masu shaguna da direbobi, jikokin waɗanda suka taka a ƙasa ta Chadi da Sudan shekaru aru-aru, wasunsu har yau sunan danginsu Hausawi. A waɗannan kwanaki ne kuma ya kamata ka biya hadaya. A shirin Adahi, mai yanka hadaya a madadin alhazai, riyal 720 aka biya a 2025, da rasit. Masu yawo ɗaki-ɗaki suna cewa za su yanka maka a rabin kuɗin, ba ka da hanyar tabbatar da sun yanka. Wanda ba shi da hali, Alƙur'ani ya ba shi mafita: azumi uku a lokacin Hajji, bakwai bayan ya koma gida.

Tun daren 7 ga Zulhajji aka fara kwasarmu zuwa Mina, bayan mun yi harama daga masauki. Ƙaramar jaka kawai za ka ɗauka: harami na biyu, magani, lema, gorar ruwa, ƙullin gishiri da sukari na asibiti, abin cajin waya, da 'yar shimfiɗa. Tantunan duk farare ne, kamarsu ɗaya, katifa kuwa faɗin kafaɗa. Ka rubuta lambar tantinka a takarda, ka kuma ajiye wurin a taswirar wayarka kafin ka taka ko'ina. Layin banɗaki ya fi tsawo gab da kowace salla, ka je tsakanin lokuta. A Mina ana ƙasaru, ba a haɗawa.

Arafa ta kama ranar Alhamis, 5 ga Yuni. Filin yana wajen kilomita 20 daga Makka, kuma a nan Annabi ya yi huɗubar ban kwana a shekara ta 10 bayan Hijira. A nan maganar iyaka ta fi ko'ina nauyi. Manyan alluna masu ruwan ɗorawa suna nuna inda Arafa ta fara da inda ta ƙare. Kwarin Urana ba ya cikinta, kuma gaban Masallacin Namira a wajen iyaka yake. Wanda ya wuni a sahun gaba bai matsa ba, bai tsaya Arafa ba. Tantin da aka sauke ka a ciki yake, zamanka nan ya isar. Hawan dutsen Jabalur Rahma ba ya cikin aikin. Hukumomi sun umarci kowa ya zauna a tanti daga ƙarfe 10 na safe zuwa 4 na yamma, kuma da dalili: a Hajjin 2024 zafi ya kai digiri 51.8 a Makka, mutum sama da 1,300 suka rasu, akasarinsu waɗanda ba su da izini balle inuwar tanti. Bayan an haɗa Azahar da La'asar, sauran wunin na addu'a ne. Da rana ta yi sanyi mutane suka fito suka fuskanci alƙibla, hannaye a sama, wani tsoho kusa da ni yana jero sunayen 'ya'yansa da jikokinsa ɗaya bayan ɗaya yana kuka. Sai batun lokaci, wanda ya shafe mu musamman: a mazhabar Malikiyya rukunin shi ne kasancewa a Arafa wani yanki na dare bayan faɗuwar rana. Wanda ya tsallake iyaka kafin Magariba bai dawo ba, Hajjinsa yana cikin haɗari. Ko mota ta ɗauke ka da wuri, ka tabbata ba ta fita ba sai rana ta faɗi.

Ba a sallar Magariba a Arafa, sai an isa Muzdalifa a haɗa ta da Isha. Tafiyar 'yan kilomitoci ce, amma mun jira mota har wajen ƙarfe goma na dare. Muzdalifa fili ne, ba tanti, kowa a ƙasa, mai kuɗi da talaka kafaɗa da kafaɗa. A nan aka fi tsintar tsakuwa, girman ƙwayar wake: 7 na ranar Salla, 21 na ranar 11, 21 na ranar 12, jimilla 49, ko 70 ga mai kaiwa ranar 13. Ka ƙara 'yan kaɗan saboda waɗanda za su faɗi. Tsofaffi da mata da marasa lafiya an yi musu rangwamen wucewa cikin dare.

Ranar 10 ga Zulhajji, wato ranar Salla, ita ce mafi wahala. Daga tantinmu zuwa Jamarat, wato wajen jifa, tafiyar kusan awa ɗaya ce a ƙasa, ta cikin ramukan da aka fasa a duwatsu, hanyar zuwa daban ta dawowa daban. A ranar Jamratul Aƙaba kaɗai ake jifa, tsakuwa bakwai, ɗaya bayan ɗaya da kabbara. Wanda ya watsa su gaba ɗaya, ɗaya ya jefa. Abin nema shi ne tsakuwar ta faɗa cikin kwarmin. Ana tuna yadda Annabi Ibrahim ya bijire wa Shaiɗan ne, don haka jifa da takalmi da zage-zage ba su da wuri. Ka wuce farkon bangon inda mutane ke cunkushewa, can ƙarshensa akwai sarari. Ka bi jadawalin da aka ba tantinku, kada ka tsaya ɗaukar abin da ya faɗi, kada ka juyo ka fuskanci masu tahowa. A turmutsitsin 24 ga Satumba 2015 a kan hanyoyin Mina ne muka rasa 'yan Najeriya masu yawa, cikinsu da Hajiya Bilkisu Yusuf da Farfesa Tijjani El-Miskin, Allah Ya jiƙansu. Bayan jifa sai hadaya, sai aski, a cire harami. Komai ya halatta in ban da kusantar iyali, har sai an yi ɗawafin ifada da sa'ayi. Kuɗin mota zuwa Harami a ranar yana ninkuwa sau da yawa, hanyoyi a rufe. Mu da yawa mun jinkirta ifada har muka gama kwanakin Mina, kuma malamai sun tabbatar mana ya halatta. Macen da al'ada ta zo mata tana yin komai in ban da ɗawafi, ta jira tsarki. Ta sanar da jami'ai da wuri saboda jadawalin jirgi.

Ranakun 11 da 12 ana jifan duka ukun bayan rana ta karkata, a jere: ƙarama, ta tsakiya, sannan Aƙaba. Kwana a Mina wajibi ne, wato mafi yawan dare ya same ka cikin iyakarta, ita ma da allunanta. Mai niyyar fita ranar 12 ya bar Mina kafin faɗuwar rana, in ba haka ba ya kwana ya yi jifan 13.

Bayan haka sai jiran jirgi, wanda ya kai mu fiye da mako biyu, tunda wanda ya riga zuwa shi ke riga komawa. A nan guzuri ke ƙarewa a tsaraba, don haka ka ware riyal 200 ko 300 da ba za ka taɓa ba. Kusan kowa ya kamu da tari. Takunkumi da ruwa mara sanyi sun taimaka. Ana auna manyan jakunkuna kwanaki kafin tashi, abin da ya haura kilo a bar shi a nan. Kada ka cusa Zamzam cikin kaya, na'ura tana ganinsa, a farke jakar a cire. Galan mai lita 5 ana ba kowa bayan an sauka gida. Ɗawafin ban kwana shi ne aiki na ƙarshe a Makka, ka yi shi bayan an tabbatar da lokacin motarku zuwa Jidda, ka bar aƙalla awa huɗu tsakani, domin motar ba ta jiran wanda ya makale a Harami.